Wa Ya Share?

Kakana Jatau ya yi boyi
gidan Baturen kuza a hanyar Bukuru,
yana ɗan shekara sha huɗu,
farin gajeren wando, ƙafa ba takalmi,
sanyin Jos na cizon yatsunsa a ruwan wanke-wanke.

Ran Asabar da dare, in ji shi,
sai a ce ya ɗauko zanen gado,
wanda shi ya wanke, shi ya sa wa bula, shi ya goge,
a ɗaure tsakanin ginshiƙan baranda.
Majigi ya kama ƙara kamar keken ɗinki,
haske ya tsaga duhu, ƙwari su yi kasuwa a ciki,
sai ga mutane a jikin zanen
suna ta motsa baki, ba murya.

Wata baiwar Allah ce, 'yar aiki can ƙasarsu,
da ɗan ƙyalle a ka.
Ta jibgo faranti har sun rufe mata ido,
ta taka sabulu.
Faranti suka tashi kamar an kori tantabaru,
suka sauko suka tarwatse,
tsit kake ji.
Ta miƙe, ta afka buhun fulawa,
ta fito fari fat, sai idanu.
Ta saɓa tsintsiya mai dogon ƙota,
ta waiga, ta kwaɗe maigida a ƙeya,
ta juyo ba shi haƙuri, ta kwashe fitila.

Turawa na dariya har da dukan cinya,
wani ya ƙware.
Kakana na tsaye can baya da tire a hannu,
an hana shi zama, ba a hana shi ido ba.
Shi ƙirga yake yi.
Faranti sha bakwai,
kowanne sule da sisi in an zo yankan albashi.
Kafin haske ya ɗauke ya gama mata lissafi:
wata biyar, ba ko anini.

A kicin Davou kuku ya ce, yaya wasan?
Ya ce, ɓarna dai suka yi ta yi,
sai aka kunna fitila.
Ba a nuna wanda ya share ba.

Amma akwai abin da bai faɗa wa Davou ba,
sai mu, bayan shekara sittin,
a tsakar gidanmu na Gangare:
wurin nan da ƙota ya sami ƙeyar maigida,
dariya ta taso masa tun daga cibiya.
Ya cije leɓe har jini,
ya danne ta, ta bi ta hannu ta fita,
kofuna suka kama kaɗawa a kan tire,
ƙil-ƙil-ƙil,
duk daren nan sautin da fim ɗin ya samu ke nan.
Matar Bature ta waigo.
Ya ce, sanyi ne.

Da tsufa ya kama shi, murya ta tafi,
yakan ɗau sandarsa ya saɓa,
ya waiga a hankali, ya kwaɗi iska,
mu yi ta birgima a tabarma.
Shi ba ya dariya. Kafaɗunsa ne kawai ke rawa.

Shekaranjiya a gidana,
ina ɗaki na ji tartsatsin tangaran.
Na fito na iske Kaneng, yarinyar da ke taya mu aiki,
tsaye kamar an dasa ta, kumfa har gwiwar hannu,
bakinta na motsi, ba abin da ke fita.
Na ga idonta yana ƙirga.

Maganar da na ɗebo daga ɗaki
ta tsaya min a wuya.
Na ce, ɗaga ƙafarki, kar ki taka.
Ina kuke ajiye tsintsiya?

Shekara tara a gidan nan,
ban san inda take ba.